Ɗorawar Angelina a Bakin Tafki

Da sunan Allah, wanda Ya kafa duwatsu, Ya tara ruwa a ƙarƙashinsu domin amfanin bayinSa.

A bayan Ushafa akwai wani gandu da ya gangara daga gindin dutse har bakin tafki. Marigayi Alhaji Sale ne ya saye shi daga hannun wani manomi Bagwari, tun Abuja ba ta cika ba. Ya dasa mangwaro da kashu, ya gina gida da ƙaramin masallaci, inda nake limanci har yau. Da damina ruwa kan hau har ya taɓa ciyawar gandun, da rani ya ja baya ya bar wa balbela laka. Sai dai abin da ya girmi gidan da mai gidan shi ne itatuwan ɗorawa uku da ke tsaye daf da ruwa.

Angelina 'yar manomin nan ce. A gindinsu aka yaye ta, da kalwarsu kuma ta yi daddawar da ta ciyar da 'ya'yanta bayan rasuwar mijinta. Duk shekara takan zo ta kaɗe 'ya'yan itatuwan, ta ɗora kaya a kafaɗa kamar yadda matan Gwari ke yi, ba a ka ba. Daddawar farko kuwa gidan Alhaji take kaiwa.

Da Alhaji ya rasu, ɗansa Tawfiq, ma'aikacin wata ma'aikatar tarayya, ya yi niyyar gina masaukin baƙi mai kallon ruwa. Itatuwan sun tare fuskar tafkin, sai ya kira masu sara. Da suka iso suka tarar an ɗaura wa kowace ganyen giginya, suka ajiye gatari suka ƙi taɓawa.

Tawfiq ya same ni bayan la'asar, ransa a ɓace.

"Malam, an yi mini asiri a gonar mahaifina. A taimaka da addu'a."

Na je na duba. Na ce masa, "Wannan ba sihiri ba ne, ɗana. Alama ce ta mutanen ƙasar nan, ma'anarta itacen yana da mai shi. A kira ta."

Angelina ta zo da zanen cocinta, ta gaishe ni, sannan ta dubi Tawfiq, ta yi masa magana da Hausarta ta Gwari.

"Oga Tawfiq, ka girma! Babanka ta sayi ƙasa, ba ta sayi ɗorawa ba."

"Mama, wa ke sayen ƙasa ya bar itacen da ke kanta?"

"Babanka. Tambayi Malam. Kai da kake lashe kwanon miyar kuka har hancinka, daddawar wa kake tsammani?"

Masu sara suka fashe da dariya. Shi ma murmushi ya kuɓuce masa. Na shaida masa abin da na gani da idona: mahaifinsa bai taɓa tsinkar ko ƙwaya ɗaya ba sai da izininta, kuma malamai sun tabbatar da cewa al'adar da ba ta saɓa wa shari'a ba abar hukunci ce da ita.

Ya daɗe yana kallon ruwan ta tsakanin rassan. Sannan ya ce, "To baƙina me za su kalla?"

Angelina ta ce, "Su kalli ɗorawa. Idan ta yi fure ja, ruwan ma kunya take ji."

Aka matsar da ginin zuwa kan tudu, inda ake hango tafkin ta saman itatuwan. Aka bar ƙaramar ƙofa a katanga, mabuɗinta yana ɗaure a bakin zanen Angelina. Bana ma ta kawo daddawar farko, ta raba biyu, rabi gidan Tawfiq, rabi gidana. Ta ce shaida ma yana cin miya.

Allah Ya ja kwananta, Ya bar itatuwan a tsaye.