Ranar da Na Toshe wa Tsohuwa Ruwa

Takalman da na yi tafiyar dutse da su suna nan a baranda, yau kwana tara ban wanke su ba. Yarinyar da muke zama gida ɗaya a unguwar Cheras ta Kuala Lumpur 'yar Kano ce mai tsaftar tsiya, duk lokacin da ta fita shanya sai ta toshe hanci. "Yaya, don Allah ki wanke abin nan mana, maƙwabta za su ce mushe muka ajiye." Ni kuwa in rana ta buga su warin ya taso, sai in bar abin da nake yi in je in tsaya. Warin taɓo ne da ya kwana cikin ruwa tare da ruɓaɓɓiyar ciyawa, kuma duk wanda ya taɓa dashen shinkafa ya san shi. Ina hawa na goma sha huɗu, motoci na ta gudu a ƙasa, amma da na shaƙe shi sai in gan ni a gonar kakata.

Ƙauyenmu a gindin dutse yake, gonakin kuwa a jikin dutsen, hawa-hawa kamar matakalar bene. Mutanen da ne suka jera duwatsu suka tare ƙasa don kada ruwa ya tafi da ita. Yawanci acca ake shukawa da dauro. Can sama, inda wata 'yar maɓuɓɓuga take tsiyaya daga tsagar dutse, akwai fage uku ƙanana, kowanne an zagaye shi da jingar laka don ya riƙe ruwa. Nan Kaka take noma shinkafarta. Ja ce, gajeriyar ƙwaya, in ana dafa ta har gida na uku sai an sani.

Ina da shekara uku shan inna ya kama ni, ya bar mini ƙafar hagu siririya kuma gajera. A gidanmu kowa tausayina yake ji, kuma tausayin ba na ƙarya ba ne. In yara za su rafi, Inna ta ce in zauna in tsince mata wake. Na taɓa fasa tulu, sai ƙanwata aka mara, wai don me ta bari na ɗauka. Kai da ke karanta wannan za ka ce ai gata ne. Ni kuwa abin yana ci mini rai, don tun ina ƙarama na lura ba a yi wa mutum faɗa sai ana jiran wani abu daga gare shi. Ni babu wanda yake jiran komai daga wurina, kuma abin da na fi so a duniya shi ne a ƙirga da ni cikin masu aiki.

Kaka ce kaɗai ba ta da wannan tausayin, ko kuma ta ɓoye shi inda ban taɓa ganinsa ba. Mahaifiyar Baba ce, doguwa, busasshiya, muryarta kamar ana buga garwa. Farkon daminar da na cika bakwai ta shigo da sassafe, ta jefo mini sandar gora, ta ce in tashi mu hau gona.

Baba ya ce, "Iya, da wace ƙafar?"

Ta ce, "Da wadda Allah ya bar mata."

Ba ta miƙo mini hannu ba, ranar ko wata rana. Abin da ta yi shi ne ta tsaya a gindin hawa ta nuna mini sau ɗaya: in za ki hau, mai lafiya ce gaba, in za ki sauko, gajerar ce gaba, sanda na biye da ita. Daga nan ta wuce abinta. Na hau da ƙafa, na hau da gwiwa, wani wurin da ciki. Mata masu saukowa da itace suna ta salati suna cewa tsohuwar nan ba ta da imani. Sai wajen azahar na isa, gwiwata na jini, na tarar da ita a duƙe tana cire ciyawa. Ko ɗaga kai ba ta yi ba. Ta ce, "Kin makara. Ga ɓaraka can."

Aikina ke nan daga ranar. Ruwan maɓuɓɓugar bai fi kaurin yatsa ba, kuma in sama ta yi kwana goma ba ta zubo ba, da shi kaɗai shinkafar take rayuwa. Ƙaguwa da ɓera kuma ba su san wannan ba, kullum suna haƙa jinga. Saboda haka dokar dutsenmu guda ce, kuma babba da yaro sun san ta: ba a wuce ɓaraka. Gonar maƙiyinka ce ma, in ka ga ruwa yana zurara, ka ajiye kayanka ka toshe, ba sai ka nemi mai ita ba. In fage na ƙasa yana son ruwa, Kaka da kanta take buɗewa da hannu, ta tsaya a kai har ya isa, ta mayar ta rufe. Duk ruwan da ka gani yana tafiya shi kaɗai, asara ce.

Toshiyar ma da tsarinta. Dutse ake fara sawa, sai guntun ƙasa mai ciyawa da saiwarta, sai laka, sannan a taka da diddige har ta daina numfashi. Nakan dogara da sanda in taka da ta dama. In na gama Kaka ta zo ta duba. In bai yi mata ba, ƙafa ɗaya take sawa ta rushe. "Wannan toshiya ce ko kwalliya? Sake." Nakan yi kuka, majina har baki, in sake. Amma da yamma in muna saukowa, taɓo ya bushe a jikina ya yi fari, ƙamshin gasasshiyar masara na tasowa daga gidaje, ji nake babu yarinyar da ta kai ni a ƙauyen. Damina huɗu muka yi haka. Ina shekara goma sha ɗaya ta rasu, bayan an kai shinkafa rumbu. Ba wanda ya sake cewa in hau, kuma ba a jima ba aka kai ni makarantar kwana.

Makaranta ta miƙa da ni har nan Kuala Lumpur, inda nake karatun harhaɗa magunguna. A hutun da ya wuce wasu ɗalibai 'yan'uwanmu huɗu suka shirya zuwa wani ƙauye a kan duwatsun Sarawak, inda ake noma shinkafa hawa-hawa, baƙi kuma suna kwana a gidajen mutanen gari. Sun faɗa a gabana ne don sun tabbata ba zan ce zan je ba. Na ce a sa sunana.

Mun shiga ƙaramin jirgin sama, mun shiga mota, inda hanya ta ƙare kuma aka ce saura tafiyar yini a ƙafa. Jagoranmu wani magidanci ne, ɗan matar da za ta sauke mu. Ya dubi ƙafata, ya dubi dutsen, ya ce, "Boleh?" wato za ki iya?

Na ce, "Boleh."

Ba zan yi maka ƙarya ba, na sha wuya. Daji ne mai duhu, ƙasa na santsi, matsattsaku na hawa mutum ba sallama. Sau biyu jagoran ya ce zai goya ni, sau biyu na yi masa godiya na wuce. Ni ce ta ƙarshen isa, bayan la'asar. Da bishiyoyi suka buɗe na ga gonakin suna sauka mataki-mataki, kowanne cike da ruwa, sai da na zauna a kan wani kututture ina kallonsu.

Gidan na katako ne, dogo, a kan turaku, da murhu a tsakiya. Mai gidan tsohuwa ce 'yar ƙarama mai faɗin tafin ƙafa, kowa yana ce mata Nenek, wato kaka. Ta san mu Musulmi ne, ta dafa mana kifi da ganye a tukunya daban, da shinkafa naɗe cikin ganye. Tana ganin tafiyata ta janyo kujera guda ɗaya da ke gidan ta zaunar da ni, ta kawo ruwan ɗumi ta ce in tsoma ƙafa. Na gode mata da gaske. Amma na san wannan kallon tun ina shekara uku.

Washegari sauran suka tafi ganin wani ruwa mai faɗowa daga dutse, ni aka ce in huta. Suna ɓacewa na ɗauki sandata na hau cikin gonakin. A fage na shida ko na bakwai na ji ƙarar ruwa. A kusurwar jinga ga wata ɓaraka mai faɗin tafin hannu, ruwa na kwarara zuwa fagen ƙasa, ba kowa a wurin. Wallahi ban yi tunani ba, hannuna ne ya riga kaina. Dutse, ciyawa da saiwarta, laka, diddige. Na taka har ta daina numfashi. Na koma gida ina jin kaina, ban gaya wa kowa ba, don a garinmu ba a tallan toshiya. Da la'asar ruwa ya tsuge, bai ɗauke ba sai asuba.

Hayaniya ce ta fito da mu da safe. Fagen da na toshe ya cika ya batse, ruwa ya rasa hanya, ya ɓalle jingar ta tsakiya, laka ta gangaro ta binne fagen ƙasa. Wannan fagen kuwa na Nenek ne, satin da ya wuce ta gama dashensa da hannunta, kuma daga cikinsa take ci har shekara ta zagayo. Ɗanta yana tsaye riƙe da dutsena da guntun ciyawata, yana tambayar wanda ya yi wannan aiki. Na ce ni ce.

Bai ɗaga murya ba. Ya yi mini bayani a hankali cewa wannan ba ɓaraka ba ce, ƙofar ruwa ce, kowane fage yana da tasa, kuma ba a taɓa rufe ta. Mu a dutsenmu tsoron ƙarancin ruwa muke yi, su yawansa suke tsoro. Nenek ta daɗe tana kallon fagen. Sannan ta juyo, idonta ya sauka a ƙafata, ta yi magana a tausashe. Ɗan ya ce, "Ta ce ba komai, ki je ki huta."

Da marina ta yi da ya fi mini sauƙi. Na binne wa tsohuwa abincinta, amma ko darajar a yi fushi da ni ban samu ba.

A ranar ne za mu sauka. Na ce wa abokan tafiya su yi gaba. Ɗaya ya ce, "Haba Yaya, jirgi fa?" Na ce su gaishe shi. Na ɗaure zane a kan wando na shiga taɓon har gwiwa.

Ranar farko ƙyale ni suka yi kamar yaro mai wasan ƙasa. Duk dutsen da na ɗauko sai wani ya taro ni ya karɓa, sai in koma in ɗauko wani. Rana ta biyu suka gaji da karɓa, na kama gefe guda na jingar na fara ginawa yadda na iya. Ashe lakarsu ta fi tamu laushi, sai an kafa turakun gora an saƙa kafin a ɗora ta, ni kuwa na jera duwatsu na shafe ya yi sumul. Nenek ta zo wucewa da dami a ka. Ta tsaya. Ta ajiye damin, ta sa wannan faffaɗar ƙafar ta tura, aikina na tun safe ya zube cikin ruwa. Sannan ta buɗe baki. Ban san tsohuwa 'yar ƙarama haka tana da irin wannan murya ba. Ta nuna jinga, ta nuna gora, ta nuna kaina, ta wanke ni tas da yaren da ban san ko kalma ɗaya a cikinsa ba.

Ɗanta ya sunkuyar da kai don kunya, ya ƙi fassarawa. Na nace. Ya ce, "Ta ce ɓaunarta ta fi ki jin magana. Wai ki sake."

Na fashe da dariya, hawaye na zuba, har suka tsorata. Na sake. Ta rushe. Na uku ne ta taka ta hau kai ta yi tsalle, ta ɗauki daminta ta wuce. Rana ta uku muka duƙa ni da ita muna tono dashen daga cikin laka, muna wankewa ɗaya bayan ɗaya muna mayarwa. Wasu sun karye, ba su da magani. Mafi yawa sun tashi. Ranar da yamma ita ta zauna a kujerar, ni ta nuna mini ƙasa kusa da murhu inda surukarta take zama, ta turo mini albasa da wuƙa.

Ƙanena ya ce gonakin dutsenmu yanzu babu mai hawa. Matasa sun tafi gari, jingar Kaka ta zube, maɓuɓɓugar tana zuba a banza. A nan kuma lif ne yake kai ni ɗaki, in na shiga jirgin ƙasa na MRT kafin in kama ƙarfe wani ya tashi ya ba ni wuri. Mutanen kirki ne, ina gode musu, ina kuma zama, don ƙafar tana gajiya. Sai dai tun rasuwar Kaka shekara ashirin da biyar na yi ina jiran wani ya dubi aikina kafin ya dubi ƙafata, kuma sai da na ƙetare teku na yi wa baiwar Allah ɓarna sannan na samu. In kana da irina a gida, kuma kana sonta, ka ba ta aikin da za ta iya ɓatawa. In ta ɓata, ka ce ta sake.