Kaset ɗin da Maigidana Ya Aro

Muna zaune a unguwar Limawa lokacin, watanmu bakwai da aure. Maigidana ma'aikacin jirgin ƙasa ne, ba shi da yawan magana. Wata rana cikin Fabrairu ya dawo tun kafin la'asar, riƙe da kaset ɗin bidiyo da wani jan kati mai hoton zuciya. Ya miƙo mini katin yana kallon bango.

Na ce, "Na mene ne, Malam?"

Ya ce, "Wai yau ranar masoya ce."

Wani abokin aikinsa ɗan Kudu ne ya gaya masa haka. Shi ya ara masa kaset ɗin, ya ce lallai ya kalla tare da matarsa.

Muka zauna. Fim ɗin Turawa ne, ni kuwa Turancina na firamare ne. Wani saurayi da wata budurwa suna aiki a shagon furanni, tun farko faɗa suke, har ta watsa masa ruwa a fuska. Can sai ya rubuta jan kati irin nawa, katin ya faɗa hannun wata mace daban. Na saci kallon maigidana, ya tsura wa talabijin ido kamar mai sauraron wa'azi. Wani abu yake son gaya mini? Katin nan nawa ne kuwa?

Ana cikin haka hoton ya yi rawa, sai ga kiɗan Nufawa, mata sun ci anko suna juyi a wani tsakar gida. Ashe wani ne ya naɗi biki a kan ƙarshen fim ɗin, amma ba mu gane ba a lokacin.

Na ce, "Su ne suka yi auren?"

Ya daɗe yana kallo, sannan ya ce, "Da alama."

Kwana uku abin yana cina. Ran na huɗu ina zuba masa koko, na daure na tambaye shi abin da yake nufi da fim ɗin. Ya ajiye ludayi, ya ce shi ma bai fahimci komai ba. An dai ce masa na ban dariya ne, shi ya sa ya yi ta jira in fara dariya ya taya ni.

Na ce ya tambayi abokin nasa wacce saurayin ya aura. Ya ce yana jin kunya. Kafin damina aka yi wa abokin canjin wurin aiki zuwa Kaduna.