Inabin Baba ya haihu a Barking

Shekara bakwai ke nan da rasuwar mahaifinmu, kuma a bana ne na fi jin zafin rashinsa, don ina da albishir babu wanda zan kai wa. Baba, kurangar inabinka ta yi 'ya'ya!

Baba likita ne a unguwar Whitechapel ta birnin London, amma ɗan manomi ne tun daga ƙauyensu na wajen Bichi, kuma hali zanen dutse. Wani abokin aikinsa ne ya ba shi dashen muskadin, wani inabin Amurka mai kaurin fata da ke son zafi. Baba ya kafa masa ɗakin gilashi a ɗan filin bayan gidanmu da ke unguwar Barking, ya shiga yi masa irin hidimar da ake yi wa masara. A wurinsa shuka ba ta ƙin taki. Yakan cika bayan mota da kashin doki daga wata gona a wajen gari, mu dawo muna toshe hanci, ya jibge shi a gindin kurangar, ya bi da takin zamani kusan kowane wata.

Ganye kuwa ya samu, kowanne kamar faifai. 'Ya'ya dai ko ɗaya. Sanyi na shigowa sai sabbin rassan su ƙone, shi kuma ya ce yunwa ce, ya ƙara taki. Umma takan leƙo ta taga ta ce, "Alhaji, miyar ganye za mu yi da shi ne?" Ya yi dariya ya ce ta jira baɗi. Har ya koma ga Allah baɗin ba ta zo ba.

Bara yayana Nura ya gaji. Yana so a rushe ɗakin gilashin a faɗaɗa kicin. Ya ce, "Na riga na yi booking ɗin masu aiki, ranar Asabar za su zo su cire." Ranar na yi rigimar da ban taɓa yi da shi ba, sai da Umma ta raba mu. Ta ba ni shekara guda: in babu 'ya'ya, a tumɓuke.

Nan na zauna na yi karatun da Baba bai yi ba. Ashe rashin sani ya fi dare duhu! Wannan inabi taki kaɗan yake so. A barbaɗa masa a farkon bazara, nesa da gindi, a ɗan ƙara kafin tsakiyar zafi, daga nan a ɗauke hannu. In ya ƙoshi da yawa sai ya yi ta ganye ya manta da haihuwa. Ni da na gaji Baba da takin wata-wata, na daure na bi ƙa'ida, hannuna yana ƙaiƙayi.

Makon jiya na ɗaga wani ganye na ga 'ya'yan inabi, baƙaƙe sidik, manya-manya. Ihun da na yi ya fito da maƙwabciyarmu a guje. Umma ta sa ɗaya a baki, ta tofar da fatar, tana dariya tana hawaye. Nura da kansa ya kira masu aikin ya ce an yi cancel.

Me Baba zai ce da yana nan? Na san shi, ba zai yarda ya yi kuskure ba. Cewa zai yi takinsa ne sai yanzu ya kama. Wataƙila ma da gaskiyarsa.

Mun aika wa mutanensa da ɗan abin da aka samu, sadaka. Da yawansu ɗalibai ne da suka sauka London ba su san kowa ba, Baba ya ajiye su a falonmu yana ɗura musu tuwo har sai sun roƙe shi ya bari. Yau kowa da gidansa da iyalinsa. Hannun Baba bai san kaɗan ba. Kuranga ce kawai ta kasa ɗaukar yawan, mutane kuwa yawan ya karɓe su. Allah ya jiƙansa, ya ba shi ba da awo ba, yadda ya saba bayarwa.