Cinyar Ragon Suna a Sabuwar Tele

Har ƙasa ta rufe idona ba zan manta ranar da tele, wato talabijin, ta wanke ni ba.

Sunan jikana aka yi a gidan ɗana da ke unguwar Koira Kano. Aka yanka rago, aka ware cinya guda ta ungozoma kamar yadda aka saba. Kafin la'asar cinya ta ɓace. Goggon matar ɗana, wata hajiya daga unguwar Bobiel mai haƙoran Makka, ta shiga gaya wa mutane wai ta ga na fita da kwano a rufe. Ni! Ni da na tsufa ina sayar da tuwo a Zongo, ban taɓa rage wa kowa nama a miya ba. Daga nan duk bikin da na je, sai in ga mata suna jawo kwanukansu kusa da ƙafa.

An ɗauki bidiyon sunan, amma a salula muka kalla, kawunan mutane kamar ƙwayar gero.

Ana nan ɗana ya sayo tele mai faɗin ƙofa, wai katir-ka ake ce mata, mai nuna komai tar. Na ce, "Kai dai ka iya ɓarna. Sai ka ƙirga gashin hancin mutum za ka gane shi?" Ya tara dangi kallon bidiyon. Hajiya ta zauna gaba-gaba, don ta ga leshinta.

Ta kuwa gan shi. Can bayan masu rawa, bakin madafa, ga ta nan tar, ta waiga dama, ta waiga hagu, ta ɗaga mayafi. Cinya ta shige jaka, ƙashi ya leƙo waje. Har maiƙon da ke ɗiga kan leshin ana gani.

Na ce, "Ɗana, mayar baya, idona ya tsufa."

Ya mayar.

"Ƙara dai."

Hajiya ta ce, "Wallahi Iya, ajiye wa ungozoma na yi."

Na ce, "Allah sarki. Ai kuwa har yau tana jira, sai dai a ɗumama mata."

Ta fice, ba ta tsaya neman takalminta ɗaya ba.

Abin da na koya, in an yi maka ƙage kada ka gajiyar da bakinka da rantsuwa, ka nemi babbar tele. Ku kuma masu zuwa suna, ku ci abin da aka zuba muku. Yanzu har bayan madafa ana gani.