Rumbun Shuraikin Kawu Ɗahiru

Ƙwas, ƙwas, ƙwas. Duk wanda ya taɓa kwana a gidan Kawu Ɗahiru a unguwar Ƙuba ta Madina ya san wannan ƙarar. Da ya dawo sallar asuba zai buɗe firiza, ya zaro shuraik ɗaya da ya daskare, ya ƙwanƙwasa shi sau uku a gefen tebur, ya kara kunne kamar mai zaɓen kankana. In ƙarar ta yi masa sai ya ce, “Yana nan da ransa.” Ban taɓa ganin ranar da ƙarar ba ta yi masa ba.

Saboda 'yan uwanmu na gida da ba su taɓa zuwa Madina ba, shuraik burodi ne zagayayye mai rami a tsakiya kamar gammo, an barbaɗe shi da riɗi. Shi ake jerawa a shimfiɗar buɗa-baki a Harami da azumi, tare da dabino da kindirmo. In ya fito daga tanda da ɗuminsa, babu burodin da ya kama ƙafarsa. In kuwa ya yi wata bakwai a firizar Kawu, wannan wata magana ce daban, kuma ni na fi kowa saninta domin ni na ci shi.

Ni ce Rabi, 'yar ƙanwarsa. Da matarsa ta rasu aka ce in je in zauna da shi sati biyu kafin a san yadda za a yi. Shekara bakwai na yi ba a san yadda za a yi ba. Yanzu da ya tafi kowa ya zama masoyinsa, ana ta turo hotonsa a waya ana cewa Kawu akwai barkwanci. Akwai kam. Sai dai barkwancin mutum ya fi daɗi in kana can unguwar Azizya shi yana Ƙuba. Kun ce in ba da labarinsa tunda ni na zauna da shi, to zan bayar, amma ba zan sa masa suga ba. Kuma sunan Usama zai fito, domin shekara huɗu na ƙarshe na rayuwar Kawu ba abin da yake jira sai ɗan nasa ya zo ya zauna su ci burodin nan tare.

Kawu tela ne, ya ajiye keke da idonsa ya yi rauni. Amma azumi bai taɓa wuce shi ba. Shekara da shekaru yana taya wani gida na mutanen Madina kula da shimfiɗarsu a Harami. Kun san yadda abin yake: tsakanin kiran salla da tayar da ita 'yan mintuna ne, mutum zai ci dabino uku, ya kurɓi kindirmo, ya miƙe ya bar shuraikinsa ko taɓawa bai yi ba, sai a naɗe ledar shimfiɗar da sauri. A wannan ɗan tsakanin Kawu yake aikinsa. Da buhunsa a hammata zai bi layi yana tsince waɗanda ba a gutsira ba, yana cewa, “Ni'imar Allah ba ta shiga shara ina raye.” In ya dawo gida ya raba su leda-leda, ya rubuta wa kowace daren azumin da aka samo ta, ya jera a doguwar firizarsa irin ta masu shago, wadda ya raɗa wa suna Rumbu. Nama bai taɓa kwana a Rumbu ba, don babu wuri.

Ɗumama shi kuwa ilimi ne, kuma Kawu kaɗai ke da shi a duniya. Ba a barinsa ya narke da kansa, wai zai yi gumi ya mutu. Sai ya jiƙa hannu ya yarfa masa ruwa, ya sa a madambaci tururi ya ratsa shi, sannan ya ɗora a busasshen kasko. Ba ya duba agogo. Salati talatin da uku a carbi, ya juya ɗaya gefen, wani talatin da uku, ya sauke. Na yarda, daga Shawwal zuwa babbar salla abin yana ciyuwa, har da daɗinsa. Daga Muharram sai a hankali. A Rajab kuwa sai wanda Allah ya ba haƙuri da haƙori.

Nawa haƙorin a Rajab ya tafi. Ina tauna na ji ƙaras, na tofo rabin turmin haƙorina a tafin hannuna, na miƙa masa ya gani. Bai dubi hannun ba. Ledar ya ɗauko ya kai ta dab da idonsa.

“Na daren sha ɗaya ne,” in ji shi. “Wannan ba ya karya haƙori.”

“Kawu, ga shi ya karya.”

“Dama can naki yana neman hanya. Ki gode Allah da abu mai albarka ya fita, ba da alawa ba.”

Rigimarsa da Usama ma a kan burodin nan ta tashi. Usama ɗansa ne ɗaya tilo, yana aiki a matatar mai a Yanbu, ya auri 'yar wani gida da kakanninsu suka daɗe da zama 'yan ƙasar nan. Wani azumi wani marar aikin yi ya ɗauki Kawu a waya yana rarrafe da buhunsa a bakin shimfiɗa, abin ya yi ta yawo har ya isa hannun surukan Usama. Ranar salla sai ga Usama ya zo, ko zama bai yi ba. Usama yana jin Hausa sarai, amma da Larabci yake mayarwa, ranar kuwa Larabcin har kumfa yake. Ya ce an mai da shi ɗan mabaraci a idon mutane. Ya ce duk burodin da Baba yake so zai sa a riƙa kawowa kullum da zafinsa. Ya ce ko Rumbu ya fita daga gidan nan, ko shi ya daina shigowa.

Kawu ya gama saurare, ya ce, “Uwarka da wannan burodin ta yaye ka, lokacin da muka zo daga Sudan ba mu da ko tabarma. Ka koma ka tambayi surukan naka da me aka yaye su.”

“Khalas,” in ji Usama, wato magana ta ƙare, ya ɗauki makullin motarsa.

Daga Yanbu zuwa Ƙuba awa biyu ne da 'yan kai. Shekara huɗu bai kama hanyar ba. Ina jin haushin Usama har gobe, amma kada ku ɗauka Kawu ya kuɓuta a wurina. Na roƙe shi ya fi a ƙirga, na ce ko na wata ɗaya ne a kai firizar gidan maƙwabta, yaron ya zo a shirya. Sai ya ce shi bai kori kowa ba, ƙofa a buɗe take. Kan Kawu dutse, kan ɗansa dutse, ni ce ƙwan da ke tsakani. Abin da ya fi ci mini rai shi ne tun daga shekarar ya ware ledar daren ashirin da bakwai, mafi daraja a wurinsa, ya ce ta Usama ce, ba mai taɓawa. Wato wanda ya ƙi burodin shi ke da na daren ashirin da bakwai, ni da ke wanke masa kaya ina fama da na daren sha ɗaya.

Bayan shekara Usama ya aiko da saƙo ta hannun wani direba: injin ɗumama abinci, sabo fil a kwali. Na ce to, hannu ne ya miƙo. Kawu ya yarda a gwada sau ɗaya. Muka sa shuraik, ya tsaya yana kallonsa yana juyawa a bayan gilashi. Ya fito da laushi kamar auduga, har na fara murna. Kafin a zuba shayi ya koma robar silifa. Kawu ya ja shi da hannu biyu, ya ƙi rabuwa.

“Halin mai aikowa ya ɗauko,” ya ce. “Laushin minti ɗaya.”

Daga ranar a cikin injin yake ajiye zare da allura da maganin hawan jini. Ya ce a nan dai ya yi amfani, ƙura ba ta shiga.

Kun tuna lokacin zafin nan da Rumbu ya lalace? Tsoho mai ciwon gwiwa, wanda sai na kama shi yake hawa matakala, ranar shi ya riƙa sauka da leda bibbiyu yana bubbuga ƙofofin mutane. Hajja Maryama 'yar Chadi, maƙwabciyarmu ta ƙasa, ta buɗe masa firizarta ta nuna masa a cike take da kaji.

“Ya Hajji, ina zan sa? Wallahi ma fi, babu wuri.”

“Fitar da kajin.”

“Su lalace?”

“Ki dafa ki yi sadaka. Kaza kullum tana nan a shago. Daren ashirin da bakwai sau ɗaya yake zuwa a shekara.”

Ta fitar kuwa. Ranar duk benen an ci kaza, mu muka ci shuraik.

To, ga abin da ban taɓa gaya wa kowa ba. Da ciwo ya kwantar da shi a shekarar ƙarshe, ya fara ƙin shan magani. Na kira Usama na gaya masa. Ya ce aiki ya yi masa yawa, ya ce in Baba ya fitar da firizar a sanar da shi. Na ajiye wayar na shiga ɗaki, Kawu ya kafe ni da ido, sai na ji bakina ya ce, “Ya ce yana nan tafe ran Juma'a.” Nan take ya miƙo hannu na ba shi maganin ya haɗiye.

Ran Juma'a ya sa na fito da biyu daga ledar Usama. Da kansa ya ɗumama, yana zaune a kujera a gaban kasko, yana jan carbinsa. Muka jira har la'asar. Na ce wataƙila aiki ne ya riƙe shi. Wata Juma'ar na ce mota ce ta lalace. Ta gaba na ce matarsa ba lafiya. Na kwantar da 'ya'yan Usama da zazzaɓi ɗaya bayan ɗaya, na rufe hanyar Yanbu da hatsarin da ba a yi ba. Kowace Juma'a shuraik biyu su huce a faranti, da yamma ya ce in ba tsuntsaye, don ba ya yarda a daskarar da abu sau biyu. Ni kuwa in shiga kicin in yi kukana, ina tsine wa bakina.

Juma'ar ƙarshe da ya iya zama, ya sauke biyun, ya turo farantin gabana.

“Ci.”

“Kawu, na Usama ne. Ya ce yau kam...”

“Rabi, ya isa. Yau me za ki ce? 'Ya'yan sun ƙare, motar ma kin lalata ta sau uku.”

Na rasa inda zan sa fuskata. Na ce tun yaushe ya sani.

“Tun ta farko. Ni na haife shi. Na ga kina ta wahala da ƙaryar ne ke kaɗai, na ce bari in taya ki.” Ya gyara zama da ƙyar. “Ci tun da zafi. Shekara bakwai kina cin na daren sha ɗaya ba ki gudu ba.”

Na ci. Tauri gare shi kamar sauran, ban ji wani bambanci ba, amma na cinye duka biyun yana kallona. Ran Talata ya cika. Usama ya iso kafin a fita da shi, awa biyu da 'yan kai, ashe hanyar lafiyarta ƙalau. Ya yi kuka sosai, kuma ban ce kukan ƙarya ba ne.

Allah ya jiƙan Kawu Ɗahiru, ya yafe masa taurin kansa, ya dubi abin da ya yi ta tsincewa don kada ni'ima ta wulaƙanta. Ni ma Allah ya yafe mini Juma'o'in nan. Usama kuwa, tun ranar jana'iza nake ƙoƙarin sa shi a addu'a bakina yana nauyi, amma na san mai burodin da yana nan zai ce in sa shi. Allah ya sassauta masa, don abin da ya ɗauka ya fi nawa nauyi. Amin.