Na-Sani da Dokar Ashirin da Uku

Teburinsa yana can ƙuryar gidan buga takardun, bayan babban inji, inda hasken taga ba ya kaiwa sosai. Aikinsa yanka da ɗinki. Idan inji ya fito da shafuka, shi ne zai jera su, ya ninke, ya ɗinke da zare, ya shafa gam, ya sa bango, sannan ya tura littafin ƙarƙashin wuƙa ya daidaita bakinsa. Tun yana saurayi yake wannan aikin, har furfura ta cika masa gemu. Ɗan yatsansa na hagu guntu ne, wuƙar ce ta ɗauke kansa a shekarar da ya fara. A sana'arsa ba mai ja da shi. Matsalar ita ce bai taɓa yarda cewa saninsa yana da iyaka ba.

Shi ya sa ake ce masa Na-Sani. Ko labarin da ya faru yanzun nan ka kawo masa, kafin ka kai rabi zai ɗaga hannu ya ce, "Ai na sani." Ya san abin da ke damun motar Manaja ba tare da ya buɗe ta ba. Ya san maganin ciwon baya, ya san dalilin da ya sa ruwa ya makara bana. Abokan aikinsa sun daina musu da shi, sai dai su ƙyafta wa juna ido.

Ƙanwarsa ta taɓa cewa a shagon mahaifinsu abin ya samo asali. Tsohon mai gyaran agogo ne, shi kuma ɗan fari, shi ake bari a shago. Duk ranar da wanda ya kawo agogo ya yi tambaya yaron ya amsa da "ban sani ba", tsohon zai jira mutumin ya fita, ya murɗe masa kunne ya ce, "Ka kore shi ke nan, gobe shagon gaba zai je." Yaro ya koyi ba da amsa ko yana da ita ko babu, ya kuma girma da abinsa. Matarsa, wadda ke ɗinki a gida, ta iya zama da shi. Idan ya fara bayani sai ta ci gaba da taka kekenta tana cewa "to", har ya gaji. 'Ya'yansa kuwa tun ranar da ya sa su duka a motar hayar da ba hanyarsu za ta bi ba, yana rantsuwa ya san hanya, suka koma tambayar direba a ɓoye.

A shekarun ƙarshe na aikinsa aka ɗauki wata yarinya gwaji, mai tsara shafuka da zanen bango a kwamfuta. 'Yar Gwaji kowa ke ce mata, ita kuma tana kiransa Kawu. Ba ta da yawan magana. Kullum da safe sai ta zagayo har ƙuryarsa ta gaishe shi kafin ta zauna. Ya lura bangon da take zanawa ba ya ba shi wahala wajen yanka, tana barin baki daidai, amma bai taɓa faɗa mata ba.

Ita ce ta kawo wasan. A lokacin hutun rana, Dogo mai kula da inji da mai kai saƙo suka taru a bayanta suna dariya. Wasa ne a shafin intanet: akwati ɗaya fari, a ce ka rubuta kalmar sirri. Da ka rubuta sai doka ta fito a ƙasa da jan launi, ta ce sai ka sa babban harafi. Ka sa, ta koma kore, wata ta fito ta ce sai da lamba. Haka dokokin ke ta ƙaruwa, kowace da rigimarta.

Na-Sani ya zo wucewa da kofin shayinsa, ya leƙa.

"Kawu, ka taɓa ganin wannan?" Dogo ya tambaya.

"Wannan? Ai na sani. Tuni na gama shi a waya."

Bai taɓa ganinsa ba. Maganar ta fito ne kafin ya yi tunani, kamar kullum. Da a ce labarin ruwan sama ne, da ya wuce lafiya. Amma Dogo ya ja kujera ya ce, "To bisimilla, a nuna mana."

'Yar Gwaji ta tashi ta ba shi wuri, ta sabunta shafin. Tabaransa yana aljihun riga, bai ciro ba, don ba ya son sa shi a gaban yara. Ya ɗan ja da baya ya kanne ido, ya soma danna madannai da yatsa ɗaya. Dokokin farko suka koma kore ɗaya bayan ɗaya, har ya fara kaɗa ƙafa. Sai ga wata ta fito: alƙaluman da ke cikin kalmar sirrinka, idan an tara su, su ba da ashirin da uku.

"Wannan ai ta 'yan firamare ce," ya ce. Ya goge lambar da ya sa da farko, ya rubuta biyu da uku a jere, ashirin da uku ke nan. Doka tana nan ja.

Ya goge, ya sake rubutawa a hankali. Ja. Ya rubuta ashirin, ya sa alamar tarawa, ya rubuta uku. Ja. Ya gwada goma sha uku da goma. Mai kai saƙo ya fara tari irin na wanda ke danne dariya.

'Yar Gwaji ta sunkuyo ta yi ƙasa da murya. "Kawu, ɗai-ɗai yake..."

"Na sani," ya katse ta, bai ko juyo ba.

Ta koma ta tsaya. Ya rubuta ashirin da uku da haruffa, abin da ya sa Dogo ya kama bango yana dariya. A nan ne Na-Sani ya ture madannan ya miƙe.

"Kwamfutar ce ba ta da lafiya," ya ce da ƙarfi. "A wayata nan take ya karɓa. Wannan bairos ne ya shige ta. Irin waɗannan shafukan da ake buɗewa su ke kawo shi. Ku duba, ashirin da uku ma ta kasa ganewa."

Bai san Manaja yana tsaye a ƙofar ofishinsa ba. Makon da ya wuce wani aikin kwastoma ya fito da shafi biyu a juye, an sha faɗa, ba a gano dalili ba. Manaja ya tako ya dubi allon, ya dubi yarinyar.

"Ashe abin da kike yi da kwamfutar aiki ke nan?"

"Ranka ya daɗe, hutu ne. Kuma lafiyarta lau, dokar ce..."

"Mutumin da ya girmi babanki ya ce ta lalace, ke kina cewa lafiya lau?" Ya juya wajen Na-Sani. "Ka tabbata?"

Duk suka zuba masa ido. Ita ma ta dube shi, ba da fushi ba, kamar mai jira.

"Na tabbata," ya ce.

Kafin a tashi aiki mai gyara ya zo ya ɗauki kwamfutar a bayan babur. Manaja ya ce a goge komai a sake zubawa, ya kuma ce batun tabbatar da ita a aiki sai ya sake tunani.

A motar komawa gida Na-Sani ya samu kujerar baya. Ya ciro wayarsa, ya ciro tabarau, ya lalubo shafin da ƙyar. Niyyarsa ya haddace amsar don gobe. Ya bi dokokin har ya iso wajen, ya rubuta biyu da uku. Ja, a wayarsa ma. Ya kafa wa rubutun ido, wannan karon ya karanta kalma bayan kalma. Alƙaluma aka ce. Kowane alƙalami da kansa ake ƙirga shi. Biyu da uku biyar ne. Abin da yarinyar ta fara faɗa masa ke nan. Ya goge, ya sa tara, ya sa tara, ya sa biyar. Akwatin ya koma kore, wata doka ta fito a ƙasa. Bai karanta ta ba. Ya kife wayar a cinyarsa, har aka wuce inda yake sauka bai ce a tsaya ba, sai da ƙafa ya dawo.

Ya tarar da matarsa tana sa wa wata riga maɓalli. Ta dube shi ta ce, "Baban yara, lafiya? Kamar wanda aka kora."

Ya zauna a bakin gado da takalminsa, ya ba ta labari. Ya so ya gyara wasu wurare, amma da ya zo kansu sai ya faɗe su yadda suke. Ba ta ce "to" ko sau ɗaya ba. Ta ajiye allurar.

"'Yar mutane," ta ce. "Sa'ar autarmu ce fa."

"Ban yi zaton Manaja yana ji ba."

"Da ya tambaye ka fa? A lokacin ai ka san yana ji."

Ya sunkuya ya cire takalmin. Ta kawo masa abinci, ya taɓa kaɗan ya rufe.

Washegari ya riga kowa zuwa, ya jira Manaja a ƙofar ofis. Ya cire hula yana murza ta a hannu, ya ce shi ne bai fahimci dokar wasan ba, kwamfuta ba ta da laifi, yarinyar ma haka. Ya yi zaton za a yi masa faɗa, har ya shirya wa hakan. Manaja dariya ya yi yana neman mabuɗi a aljihu.

"Kai ma dai, Na-Sani. To ai an riga an goge tun jiya. Bar shi kawai, dama tana buƙatar wanki. Ita kuma ta koyi darasi, kwamfutar aiki ba ta wasa ba ce."

"Batun tabbatar da ita fa?"

"Za a duba."

Aka dawo da kwamfutar da rana, fes, babu komai a ciki. Ayyukan kwastomomi suna da kwafi a ofis. Abin da ba shi da kwafi shi ne nata: zane-zanen bangon da ta yi tun zuwanta, da waɗanda take gwadawa don kanta idan aiki ya yi sauƙi, waɗanda take fatan nunawa duk inda za ta nemi aiki nan gaba. Daga ƙuryarsa yana hango ta tana buɗe wurare ɗaya bayan ɗaya tana rufewa. Ba ta yi kuka ba. Ta jawo aikin ranar.

Sai da kowa ya fita cin abinci ya iya zuwa. Ya tsaya a gefen teburinta, ya rasa inda zai sa hannunsa.

"'Yata, abin nan na jiya. Tara ne da tara da biyar."

"E, Kawu."

"Kwamfutarki lafiyarta lau. Ni ne. Na je na faɗa wa Manaja."

"Na ji. Dogo ya gaya min." Ta ci gaba da kallon allo. "Ba komai."

Ya fi son ta zage shi. Ya tsaya kaɗan ko za ta ƙara wani abu, ba ta ƙara ba, ya koma wurinsa.

A kwanakin da suka biyo baya ya zazzage buhunan tarkacen takarda da ke bayan injin yanka, waɗanda ake tarawa kafin mai kwashewa ya zo. Duk bangon da ta zana an buga gwajinsa kafin a buga na gaske, kuma ta hannunsa suke bi zuwa buhu. Ya tsinto abin da ya samu. Wasu sun yi tabon gam, wasu wuƙarsa ta raba su biyu, ya haɗa su ta baya da siririyar takarda. Ya danne su ƙarƙashin ƙarfe suka miƙe, ya ɗinke, ya sa musu bangon kwali mai kauri. Ba su kai rabin abin da ta rasa ba, kuma waɗanda ta yi don kanta babu ko ɗaya, tunda ba a taɓa buga su ba. Ya ajiye mata a kan tebur da safe kafin ta iso.

Ta zo har ƙuryarsa da littafin a hannu ta ce, "Na gode, Kawu. Ɗinkin ya yi kyau." Ya ce ba komai, yana ta goge wuƙar da ba ta da datti.

An tabbatar da ita daga baya, bayan jinkirin da bai kamata ba. Ba ta daina gaishe shi ba, amma daga teburinta take ɗaga murya, ba ta ƙara zagayowa ba. Shi ma ya daina fitowa da kofinsa lokacin hutu. Dogo ya yi ta tsokanarsa da "ashirin da uku" na ɗan lokaci, da ya ga ba ya ramawa sai abin ya gundure shi ya bari. Halin bai bar shi gaba ɗaya ba. Yana nan yana bayanin ciwon baya da injin mota, sai dai idan tana kusa muryarsa takan yi ƙasa, wani lokaci ya bar maganar a tsakiya.

Ciwon kafaɗa ne ya sa ya ajiye aiki. Yanzu yana gida, yana ɗinke wa 'ya'yan maƙwabta littattafan makarantarsu da suka yage, a kan wani ɗan benci kusa da keken matarsa. Ita kuwa yarinyar tana nan a gidan buga takardun, ita ke karɓar aiki a gaba. Idan hanya ta bi da shi ta layin, takan hango shi ta gilashi ta ɗaga masa hannu. Yakan ɗaga nasa, ya ƙara sauri.