Kunun da Inna ta daina damawa

Da na haifi ɗiyata ta fari, gidanmu na Matameye na koma wankan jego. Kowace safiya mahaifiyata, Inna, takan dama mini kunun kanwa mai kauri, tana cewa shi ke kawo nono.

Ban yi arba'in ba ƙafafuna suka kumbura, in na kwanta numfashi ya gagare ni. A asibitin Damagaram likita ya ce zuciyata ce ta gaji. Ya hana ni kanwa, gishiri ma sai ɗan kaɗan. Inna na tsaye a gefe, ta ji komai. Har yau ina tashi sai na latsa ƙafata in ga ko za ta lotsa.

Tun dawowarmu ƙanwata ke yi mini girki, lami. Ba ɗanɗanon ne ya dame ni ba, kewar hannun Inna nake. Ranar nan na ce, "Inna, ko farau-farau ne ki dama mini mana."

Ta ɓoye hannuwanta cikin zane. "Bari sai kin ƙara ƙarfi, 'yar nan. Tsoron hannuna nake ji."